Gangar Gidan Korau a Jar Ƙasar Enugu

Cikin duk shekarun da na yi ina ɗaukar sauti, ranar da ta ƙi fita daga raina ita ce wadda wani dattijo ya zauna a ɗakin ɗaukar muryarmu, ganga rataye a kafaɗa, ya kasa furta ko baiti ɗaya. Ku da kuka shigo aikin nan yanzu kuna yi mini dariya idan na tsare mawaƙi da tambayoyi kafin in kunna na'ura. Na san kuna cewa tsohon nan ya cika bin diddigi kamar ɗan sanda. To, ku gyara zama, yau za ku ji inda na samo halin.

A lokacin ina aiki a wani ƙaramin situdiyo a saman bene, ba nisa da Kasuwar Artisan a Enugu. Mai wurin wani Ibo ne, muna ce masa Oga Emeka. Ni ne injiniyan sauti, wato mai zama gaban na'ura yana daidaita abin da ke shiga da abin da ke fita. Yawancin aikinmu waƙoƙin coci ne, da tallar maganin basir, da samarin da ke son a ji muryarsu a waya. Duk Bahaushen da ya hawo benen nan, sai Oga ya leƙo ya ce, "Habu, your people don come," ya koma ofis ya bar ni da shi.

Tsarin aikin, ga wanda bai sani ba, ba shi da wuya. Ana shigar da mawaƙi wani ɗaki da aka manne bangonsa da soso don kada ƙarar titi ta shiga. A sa masa abin ji a kunne, a kunna masa wani ɗan sauti mai tik-tik-tik don kada ya yi sauri ko ya ja baya. A ɗauki kiɗa daban, murya daban, 'yan amshi daban, daga baya in zauna in haɗa su a kwamfuta. Haka na koya, haka na yi shekaru ina yi, kuma a wancan lokacin da za ka ce mini akwai waƙar da ba ta shiga wannan tsari, da na ce ka je ka sha magani.

Wata rana da hantsi sai ga Hajiya Tabawa ta hawo tana haki. Ita ce mai tuwo a ɓangaren 'yan albasa, kuma a wurinta nake cin abincin rana, don haka na zaci miya ta biyo ni da ita. Muka gaisa, ta tambayi iyali, na tambayi kasuwa, sannan ta ce, "Malam Habu, ubana nake so ka ɗauka."

Na ce, "Baba Korau mai gadi? Me zai faɗa, Hajiya?"

Ta dube ni irin duban da ake yi wa wanda ya taka sallaya da takalmi. Ni dai na san Baba Korau a matsayin tsohon da ke zaune bakin sito na albasa da sanda da ƙaramar rediyo. Ranar ce na ji cewa gidansu gidan gangar noma ne, daga wani ƙauye can kudancin ƙasar Katsina. Ta ce kafin kakanta, makaɗin noma ganga kawai yake bugawa a gayya, yana jefa kirari jefi-jefi. Kakan nata ne ya fara shirya doguwar waƙa mai baiti-baiti, ya jera matansa da 'ya'yansa mata a gefen gona suna amshi. Aka yi ta surutu a kan haka, daga baya duk makaɗan yankin suka kwaikwaya. Baba Korau ya gāji ganga daga ubansa, ya ƙara nasa waƙoƙin. Da garmar shanu ta yawaita, samari suka watse birni, gayya ta mutu, sai ya biyo 'yarsa kurmi.

"'Yan'uwana maza babu wanda ya ɗauka," in ji ta. "Ɗaya ya rasu, ɗaya yana jan tirela. 'Ya'yana kuwa ka san su, Ibo da broka sun fi zama a bakinsu. Ni amshi kawai na iya. Akwai kaset ɗaya da wani ya taɓa ɗauka, damshin garin nan ya cinye shi. Ga shi idonsa yana tafiya, likita ya ce jijiyar ce ke mutuwa, ba yana ba ce balle a cire. Ba na so ya tafi da gidanmu a cikinsa."

Na ce ta kawo shi, aikin yini ɗaya ne.

Aka kawo shi a keke-napep, muka riƙo shi har saman bene. Dogo ne, siriri, ya ɗan ranƙwafa, gangar kuwa ya ƙi yarda kowa ya riƙe masa. Ya shafa soson bango ya ce ɗakin nan ba ya amsa sallama. Na sa masa abin ji a kunne, na kunna tik-tik ɗin nan. Ya saurara ya ce, "Ɗana, akwai tsaka a cikin abin nan." Na kashe. Na koma bayan gilashi na ɗaga masa hannu alamar ya fara.

Ya ɗaga gula, ya sauke. Ya sake ɗagawa, ya ɗan taɓa fatar, ya tsaya. Hajiya tana gefe tana cewa, "Baba, fara mana ko da waƙar Sarkin Noma Bawa ce." Ya buɗe baki, ya rufe. Muka daɗe a haka har na fara tunanin tsufa ne ya share masa komai, tausayinsa ya kama ni. Can sai ya cire abin kunnen ya miƙo mini.

"Ɗana, kai ka ce injiniya ne, amma ka birkita abin. Ganga ba ita ke ja ba. Garma ke ja, ganga na bi. Manomi ya ɗaga, in ɗaga, ya sara, in sara. Bayansa nake kallo, shi ke faɗa mini inda baiti zai faɗi. Yanzu a nan bayan wa zan kalla?"

Hajiya ta gyaɗa kai. Ita da ta tashi cikin abin ba ta taɓa lura ba, domin ba ta taɓa ganin an yi shi a wani wuri ba gona ba. Ni kuma nan take na gane maganar idon nan ta fi yadda muka ɗauke ta nauyi. Damina ta riga ta sauka. Idan wannan ta wuce, ba lalle ba ne ya ga bayan kowa a ta gaba.

Na shiga wurin Oga na ce ina so in fita da kayan aiki gona. Ya ajiye biro ya ce, "You wan carry my machine go bush? For rain?" Na yi masa bayani dalla-dalla. Ya yi ta girgiza kai, sai kuma ya ce kakansa mabushin sarewa ne da duk ƙauyensu ke ji da shi, amma yau ko tarinsa ba su da shi a ajiye. Ya ce in ɗauki ƙaramar na'ura mai batir, in nannaɗe ta a leda, in ruwa ya taɓa ta kada in dawo. Ya kuma ba mu gonar mahaifiyarsa da ke bayan gari, wani fili da ta cire rogo ba ta sake shukawa ba.

Sai matsalar garma. Fartanyar mutanen nan daban take, tsibi suke tarawa da ita, ba doguwar kunya irin tamu ba. Hajiya ta yi wa wani direba magana, aka saƙo mana garemani a cikin lodin albasa daga arewa. Manoma kuwa muka ce ai ba abin nema ba ne, kasuwa cike take da 'yan dako, kuma kowannensu a gona ya tashi. Muka zaɓi ƙarfafa muka tafi da su wata safiyar Lahadi.

Ranar na ji abin da ake kira gangar noma. Samarin nan na duƙawa, Baba ya miƙe, ranƙwafawar nan ta tafi. Ganga ta ɗauka, jar ƙasa tana tashi, mahaifiyar Oga ta aje kwandonta ta riƙe baki. Allurar na'urata tana rawa, ni ma ƙafata tana rawa. Amma aka kai ƙarshen kunya aka juyo, aka sake kaiwa aka juyo, bakin Baba a rufe. Hajiya da ƙanwarta Lami suna tsaye suna jiran inda za su amsa, babu. Da aka tsaya shan ruwa na matsa kusa da shi.

"Baba, ga gona, ga garma, ga baya. Ina waƙar?"

Ya ce, "Su wane ne a gabana?"

Na faɗa masa sunayensu da garuruwansu.

"Allah ya yi musu albarka, sun iya huɗa. Kiɗan baƙo na yi musu, shi ne haƙƙinsu. Amma waƙa kowace da mai ita. Ta Bawa, Bawa aka yi wa, a kan guminsa aka yi ta. Ba a yin ta sai a bayansa, ko bayan jininsa. In na ɗora ta a kan ɗan wani, na ɗauki gādon mutum na ba wanda ba a haifa a gidan ba. Ubana bai yi ba, ni ma ba zan fara da furfura ba."

Gaskiya raina ya ɓaci. Na kwaso kayan mutane, na jawo samari daga neman abincinsu, ga hadari yana haɗuwa a kan tsauni. Na ce, "Baba, ai don a adana ne, ba wanda zai sani." Ya ce, "Ni zan sani." Daga nan bai ƙara ba, ni ma na ga babu amfanin ƙarawa.

A hanyar dawowa Hajiya ta yi ta lissafa gidajen da aka yi wa waƙa. Wasu sun ƙare, wasu suna can gida, Baba kuwa jikinsa ba zai ɗauki doguwar tafiya ba, likitansa ma yana nan. Da ta zo kan Bawa sai ta rage murya. Ta ce waƙar Sarkin Noma Bawa ita ce uwar waƙoƙin gidansu, kakanta ya fara ta, ubanta ya ƙarasa. Kuma ɗan Bawa yana nan Enugu, kullum ina wuce rumfarsa. Alhaji Isiyaku ne, babban dillalin albasa.

Na ce, "Alhaji Isiyaku ai Bakano ne, ɗan cikin birni."

Ta ce, "Haka yake faɗa."

Ku da aka haifa a nan ba za ku gane wannan sosai ba. Kurmi wuri ne da mutum ke sauka a tasha ya zaɓi asalin da zai faɗa, kuma ba mai tone masa, don kowa da nasa. Bawa manomi ne da ya tara rumbuna har ana zuwa kallo, amma mutumin da ne, bai yi salla ba, kuma a gayyarsa akan kafa tulunan giya. Ɗansa ya bar gida yana saurayi, ya yi karatu wurin malamai, ya canza suna, ya yi arziki, ya je Makka. Ko rasuwar uban bai koma ba. 'Ya'yansa sun tashi da sanin kakansu malami ne a birni. Shi ne ya sama wa Baba Korau aikin gadi a ɓoye, amma bai taɓa zama tabarma ɗaya da shi ba, daga nesa yake ɗaga masa hannu.

Muka same shi a rumfarsa bayan la'asar, cikin farar shadda, carbi a hannu, buhuna jibge a bayansa. Muka yi doguwar gaisuwa. Hajiya ta nemi ya sallami yaransa, sannan ta faɗi abin da ya kawo mu. Fuskar Alhaji ta canza.

"Hajiya, ki dube ni da kyau. Ni da ciwon suga da gwiwa, ni zan je in duƙa a gonar mutane ana yi mini kiɗa? Me jama'a za su ce? In samari kuke so in ba ku goma yanzu."

Ta ce, "Alhaji, mun yi shekaru a garin nan, ka taɓa jin bakina a kanka? Ba tonon asiri na zo yi ba. Ubana ne ke makancewa, kuma waƙar ba ta da wata ƙofa sai kai."

Ya juyo kaina. "Kai Malam Habu, ka san abin da ke cikin waƙar nan? Ka san da sunan da ake kiran ubana a ciki?"

Na ce ban sani ba, ranka ya daɗe, ban taɓa jin ta ba.

"To, ni na sani. Ku yi haƙuri."

Muka tashi. Har mun kai bakin rumfa Hajiya ta juya ta ce, "Lahadi mai zuwa za mu koma. Baba ya ce ko babu kowa a kai shi, zai yi wa gangar sallama a gona, ba a ɗaki ba." Alhaji bai ɗago ba, yana ta jan carbinsa.

Lahadin ta zo da lumshi, an yi ruwa da asuba, ƙasa ta yi laushi. Ba mu ɗauki 'yan dako ba, garemanin kuwa a gonar muka baro su. Na tafi da na'ura ne kawai don in ɗauki ko da bugun ƙarshe. Na maƙala ƙaramin makirfo a wuyan rigar Baba, na ɗaura wani a kan gora saboda 'yan amshi, na uku kuma na ajiye shi kusa da ƙasa ko Allah zai kawo mai huɗa, don tun wancan zuwan ƙarar garma ta burge ni. Muna cikin haka sai ga mota ta tsaya a bakin hanya. Alhaji ya fito, babban ɗansa Nasiru ya biyo shi da makulli a hannu. Nasiru magidanci ne, yana da shagon waya a cikin gari, a Enugu aka haife shi.

Alhaji ya tsaya nesa kaɗan ya ce, "Gaishe da Baba na zo yi, ba wani abu ba."

Baba ya karkata kai. "Tanko?"

Babu wanda ya taɓa jin an kira Alhaji da wannan suna a garin nan. Nasiru ya waiga yana neman wanda ake kira.

"Matso, farin kayanka kawai nake gani. Amma muryar Bawa ce a bakinka."

Alhaji ya matso, ya durƙusa da ƙyar ya gaishe shi. Baba bai roƙe shi komai ba. Ya dai gyara maratayi, ya taɓa gangar a hankali, wani ɗan gajeren bugu mai tsalle a ƙarshe. Daga baya na ji shi ne taken gidan, wanda ake kiran Bawa da shi tun daga bakin gari. Alhaji ya ce, "Baba, bari." Nan take Baba ya ɗora tafin hannu a kan fatar, ta yi tsit. Muka tsaya cirko-cirko, ba ka jin komai sai ɗigar ruwa daga ganyen kashu.

Can Alhaji ya ce, "Sake."

Ya cire hula, ya cire agogo, ya tuɓe babbar riga, ya jibga wa Nasiru a hannu. Ya naɗe ƙafar wando, ya zare takalmi. Ya ɗauki garma ya juya ta, ya tofa yawu a tafin hannu. Wallahi hannu ba ya mantuwa. Saran farko da ya yi, na san wannan ba a birni ya tashi ba. Ganga ta bi shi, sai na ji wata murya ta fito daga ƙirjin tsohon nan wadda ban san yana da ita ba:

"Bawa na Kande, gagara rana,
Arnen da ba ya neman inuwa,
Kai ka kai gabas, fura na hanya."

Hajiya da Lami suka amsa, "Duƙa mu je, damina ba ta jira." Hajiya tana amshi hawaye na zuba, ba ta share ba. Ni kuma ina bin su a gefe da gora a hannu, laka har idon sawu, ina addu'ar kada batir ya ci amanata.

Ba a je ko'ina ba numfashin Alhaji ya fara sarƙewa. Ya gama kunya ɗaya, ya juyo, ya kai tsakiyar ta biyu, garma ta faɗi. Ya zauna daɓas a cikin laka yana haki. Ganga ta tsaya, waƙa ta tsaya a tsakiyar baiti, kamar an yanke da wuƙa. Nasiru ya rugo yana cewa, "Daddy, e don do, mu tafi gida. Wetin be all dis?"

Baba ya ce, "Ko rabi ba mu kai ba, Tanko. Kuma akwai baitin da ba ka taɓa ji ba, bayan tafiyarka na yi shi. Da sunanka a ciki."

Alhaji ya ɗago. "Faɗa mini shi."

"Ba a faɗarsa a zaune. Ba a kuma tsallake kunya a je gare shi, sai an bi ta kan na gabansa."

Alhaji ya yunƙura zai tashi, gwiwa ta ƙi. Ya sake gwadawa, ta ƙi. Ya daɗe yana kallon garmar nan a ƙasa, sannan ya dubi ɗansa ya ce, "Ajiye kayan nan, ɗauki garma."

"Ni? Daddy, ban taɓa riƙewa ba fa."

"Ɗauka."

Nasiru ya ɗauka kamar wanda aka miƙa wa maciji. Baba ya hangi inuwar mutum a gabansa ya ce, "Wannan ɗan wane ne?"

Ina tsaye, na'ura tana juyawa, Alhaji kuma ya san tana juyawa don ya dubi jar fitilarta. Ya ce, "Ɗana ne na cikina. Jikan Bawa ne, Sarkin Noma, mijin Kande. Nasiru, ubana ke nan. Manomi ne, ba malami ba. Ni na ɓoye muku."

Nasiru ya dubi ubansa, ya dubi garmar da ke hannunsa. Baba ya ce, "To, duƙa, jikan Bawa."

Ban taɓa ganin mummunar huɗa irin ta ranar ba. Kunyar ta karkace, ƙasa tana zuba a kan takalminsa, mahaifiyar Oga tana dariya har da riƙe ciki. Amma gangar ta rage gudu ta bi shi a yadda yake, in ya yi jinkiri ta jira shi. Har Baba ya jefa masa sabon baiti nan take, wai jikan Bawa ya zo gona da takalmi, ya riƙe garma kamar sitiyari, ku bar shi, jini ne, zai gane hanya. Nasiru ya yi dariya, ya zare takalmin ya jefar, ya ci gaba. Aka bi ta kan rumbunan Bawa, aka bi ta shekarar da ya buɗe su ya ciyar da gari. Tafin hannun Nasiru ya yi bororo ya fashe, bai tsaya ba. Sai Baba ya sassauta murya:

"Bawa ya huɗe gona ya bar kunya ɗaya,
An ce Sarkin Noma ka yi mantuwa,
Ya ce ba mantuwa ba ce, ta Tanko ce,
Ku bar masa, in ya dawo ya huɗe abinsa.
Bana ya bari, baɗi ya bari,
Har shekarar da aka huɗe babu Bawa."

Hajiya ba ta iya amsawa ba, Lami ce kaɗai ta amsa. Alhaji yana zaune cikin laka, ya kifa fuska a kan gwiwa, kafaɗunsa suna girgiza. Ni kaina na kasa ganin allurar na'ura sosai. Na yi aiki da mawaƙa masu yawa, amma ban taɓa jin abin da ya karya mini zuciya kamar baitin nan ba.

Da na zauna haɗa aikin a situdiyo, Oga ya saurara ya ce in goge hakin, da dariyar mahaifiyarsa, da maganar da aka yi a tsakiya. Na ce sai na tambayi mai maganar. Alhaji ya hawo benen da kansa, yana hutawa a kowane mataki. Na kunna masa wurin na ce, "Ranka ya daɗe, in ka ce a cire, yanzu zan cire, ba wanda zai gane." Ya ce, "Malam Habu, na yi shekaru ina cirewa. Bar shi."

Kafin damina ta ɗauke, labari ya zaga kasuwa, wasu mutum biyu suka fito suka ce su ma akwai waƙar gidansu, muka koma gona muka ɗauka. Iyakar abin da muka samu ke nan. Damina ta gaba ta tarar da idon Baba ya rufe gaba ɗaya, sauran waƙoƙin suna cikinsa, kuma da su ya tafi bayan 'yan shekaru. Har yau abin yana yi mini ciwo, don da mun fara da wuri da mun tsira da fiye da haka.

Na je gaishe shi bayan ya makance. Hajiya ta kunna masa waƙar Bawa a wayarta, yana zaune a tabarma, yatsunsa suna bugun gwiwa. Ba muryarsa yake bi ba, na lura, saran ƙasar nan yake bi. Ya lalubo hannuna ya riƙe ya ce, "Ɗana, ashe har garmar ka ɗauko. Ga Tanko nan, ga inda ya gaji. Ga yaron nan ya karɓa. Ina ganinsu sarai."

Abin da na koya ke nan, kuma shi nake so ku riƙe. Mu masu wannan aiki mun saba ɗauka cewa waƙa tana cikin bakin mawaƙi, namu kawai mu kafa makirfo mu tara. Wata tana can rabi a bakinsa, rabi a jikin wanda aka yi wa ita, kuma mutanenmu ba sa sakin irin wannan don an ce za a adana. Saboda haka duk wanda ya hawo benen nan da kayan kiɗan gidansu, kafin ku tura shi ɗakin soso, ku ba shi kujera da ruwa, ku tambaye shi wa aka yi wa waƙar, a ina ake yin ta, kuma wa ya rage a gidan. In ya ce akwai wanda ya rage, kada ku ce sai an ɗauke ruwa. Ku nannaɗe na'ura a leda ku tafi a ranar.